Fayil ɗin kyauta ko na gwani: wanne za a zuba wa ƙwaƙwalwar mota?

Wani ɗan uwa ya ce ya samu fayil ɗin ƙara ƙarfin inji kyauta, an ce na irin motarsa ne. Yana tambaya ko ya zuba shi a ƙwaƙwalwar motar, wato kwamfutar da ke sarrafa inji, ko ya biya gwani ya tsara masa nasa. Malam, ga yadda nake ganin su.

Fayil ɗin kyauta riga ce da aka ɗinka wa wani. Wanda ya tsara shi ya auna nasa injin ne, da man da yake sha, da iskar inda yake. Motoci biyu za su iya fitowa shekara ɗaya da inji iri ɗaya, dukansu da ƙwaƙwalwar Bosch EDC17, amma lambar manhajarsu ta bambanta. Sunan mota ba ya isa. Dole lambar na'urar da lambar manhajar su yi daidai da naka, harafi da harafi. In ba su yi ba, ko kuma ba a gyara lissafin tantance fayil ɗin ba, motar tana iya ƙin tashi gaba ɗaya.

Abin da ya fi damuna shi ne fayil ɗin da ya shiga lafiya, mota ta tashi, ta ƙara gudu, mai ita yana murna. Idan an matso da taimin don fetur mai oktan 98 (oktan ma'aunin juriyar fetur ne ga ƙwanƙwasa) kai kuma kana shan 91, inji zai riƙa ƙwanƙwasa, sau da yawa kunne ba ya ji. Ma'aunin 14.7 na iska kan 1 na fetur na tafiyar hankali ne. Inji mai turbo idan an taka shi yana son mai fiye da haka don ya sanyaya. A rage masa, fistan ne zai narke.

Gwani kuwa yana karanta fayil ɗin motarka na asali, ya ɗora ta kan na'urar gwaji, ya gyara, ya sake aunawa. Da tsada, kuma ba kowane mai kwamfuta ne gwani ba: wasu fayil ɗin kyautar suke sayar maka. Ka nemi ya nuna maka sakamakon gwajin kafin aiki da bayansa.

Ni dai na gwani zan zaɓa ga motar da nake hawa kullum. Na kyauta yana da amfani wajen koyo: ka buɗe shi a manhajar gyaran fayil irin TunerPro ko WinOLS gefe da na asali, ka ga abin da aka taɓa. Idan ka ga an kashe matatar hayaƙi, ka bar shi, ƙasashe da yawa sun haramta hakan.

In har sai ka zuba, fara kwafe na asali ka ajiye wuri biyu. Ka haɗa batir da caja mai riƙe wuta daidai, domin yankewar wuta a tsakiyar zubawa tana kashe ƙwaƙwalwar. Bayan nan ka jona na'ura a kafar OBD, wato kafar da ake duba lafiyar mota da kwamfuta, ka taka a hankali kana duba ƙwanƙwasa da zafin inji.