Kafin Ka Sayi Na'urar Auna Danshin Iska

Idan na'ura ta nuna maka kashi 50, tana nufin iskar ta ɗauki rabin tururin ruwan da za ta iya ɗauka a wannan zafin. Lissafin ba wuya: ka raba tururin da ke cikin iska da iyakar abin da za ta iya riƙewa, ka ninka sau 100. A zafin digiri 30, iska mai faɗin mita ɗaya ta kowane ɓangare tana riƙe kusan giram 30. In akwai giram 15 a ciki, kashi 50 ke nan. Da zafin ya sauka zuwa digiri 20, iyakar ta koma wajen giram 17, sai wannan giram 15 ɗin ya zama kusan kashi 87, ba tare da an ƙara ko ɗigo ba. Shi ya sa ba na ba kowa shawarar sayen wadda ba ta nuna zafi tare da danshi.

Na'ura mai allura, wadda ke nuni kamar hannun agogo, tana da araha, ba ta son batir, amma tana da nawa, kuma da ta kwana biyu sai ta fara kuskure. Mai lambobi a fuska ita ta fi dacewa da yawancin mutane. Duba kwalinta: mai kyau kuskurenta bai wuce kashi 2 zuwa 3 ba, mai araha kuwa takan kai 5 ko fiye. A ɗakin kwana wannan ba komai ba ne. Amma mai ƙyanƙyasar ƙwan kaji, da ke neman kashi 50 zuwa 55 har kwana 18, sannan ya ɗaga zuwa wajen 65, kashi 5 asara ce gare shi.

Akwai kuma mai ma'aunin zafi biyu, ɗaya busasshe, ɗaya an naɗe bakinsa da jiƙaƙƙen ƙyalle. In busasshen ya nuna 30, jiƙaƙƙen 25, jadawalin da ake duba danshi daga waɗannan lambobi biyu zai ba ka wajen kashi 67. Tana da gaskiya, sai dai tana son haƙuri da iska mai motsi.

Kowacce ka saya, gwada ta. Zuba gishiri a murfin kwalba, ɗiga ruwa har ya jiƙe ba tare da ya narke ba, ka rufe murfin tare da na'urar cikin leda marar huji su kwana. Ya kamata ta nuna kusan kashi 75. In ta kauce, wadda ake iya daidaitawa ta fi. In ba a iyawa, rubuta bambancin a jikinta.