Na ba mai kiɗan kulob aikin sautin fim ɗina

Da yawa sun ce min kada na kuskura na ba ɗan DJ aikin kiɗan fim, wai su ba abin da suka iya sai dum dum dum har gari ya waye. Ni dai na ba shi, don gayen ba kiɗan lantarki kaɗai yake yi ba, yana ɗaukar fim da kansa yana editin, da dare kuma shi ke riƙe da filin rawa, kuma gaskiya ban yi da-na-sani ba.

Abin da ya fi burge ni shi ne yadda ya san lokaci. Ya loda gajeren fim ɗin a manhajar haɗa kiɗa ta Ableton Live, ya sa kiɗan a bugu 120 a minti, ya nuna min cewa tunda fim hoto 24 yake gudu a sakan ɗaya, bugu zai riƙa faɗowa duk bayan hoto 12 ke nan, sai ga yankan hotuna da ganga suna tafiya tare cif-cif ba mai tsere wa wani. Akwai wajen da wata yarinya a fim ɗin ke gudu a lungu, ni na so a cika shi da kiɗa, shi kuwa ya janye komai ya bar numfashinta da wata ƙara can ƙasa-ƙasa, sai da ta buɗe ƙofa ya sako gangar gaba ɗaya. Wallahi tsigar jikina sai da ta tashi. Ya ce haka yake wa mutane a kulob, ka hana su bas, wato sautin nan mai kauri, na ɗan lokaci har su ƙagu sannan ka sake musu, to wanda yake karanta fuskokin jama'a kowane dare dole ya san wannan.

Sautin gangar ma na TR-909 ne, injin bugun gangar nan da kamfanin Roland suka fitar a 1983 wanda 'yan kiɗan house na Chicago da 'yan kiɗan techno na Detroit suka ɗaga darajarsa, ban zaci zai zauna a fim mai sanyi irin nawa ba amma ya zauna daram.

Inda muka sha fama shi ne haɗin sauti. Kunnensa ya saba da manyan sifiku, sai ya tula bas mai kauri sosai, ƙasa da 60 Hz a ma'aunin sauti, a waya sam ba a jin sa, a hedifon kuma yana danne maganar 'yan wasa, sai da na matsa ya sake haɗawa ya ɗago muryoyin. Sannan da rana barci yake, ka tura saƙo da safe sai bayan magariba ka ga amsa, in aikinka na gaggawa ne wannan zai ɓata maka rai ba kaɗan ba.

Zan sake ba shi aiki, amma tun farko zan ce ya yi min haɗi biyu, na sinima daban na waya daban, kuma mu saurare su tare kafin ya rufe fayil ɗin.