Libarbar kaboyi ta kwaikwayo, samfurin 1873: ta dace da dandali da aji, amma kada a hau titi da ita

Wannan bita ce ga masu shirya wasan kwaikwayo da malaman tarihi a Birnin Kebbi, Argungu da kewaye, waɗanda ke tunanin yin odar libarbar kwaikwayo ta intanet. Wadda muka duba kwafi ce ta Colt Single Action Army, bindigar da sojojin Amurka suka karɓa a 1873, wadda duk mai kallon fim ɗin kaboyi ya san siffarta. Ba ta harbi, kuma ba za a iya mayar da ita mai harbi ba: bututunta a toshe yake, jikinta kuma zubin tutiya ne, ba ƙarfen bindiga ba.

A hannu tana da nauyi, kusan kilo ɗaya, kamar ta asali. Ƙotarta katako ce, bututun inci 4 da kashi uku cikin huɗu. Wannan tsawon shi ne na farar hula. Na sojan doki inci 7 da rabi ne, akwai kuma na inci 5 da rabi, saboda haka wanda zai fito a matsayin soja ya nemi doguwar.

Abin da ya sa ta ci kuɗinta shi ne sassanta suna motsi. Akwai gudumar baya da ake ja da babban yatsa, akwai ganga mai ramuka shida da ke juyawa, akwai ƙaramar ƙofa ta gefen dama, sannan sandar da ke ƙarƙashin bututu wadda ake tura kwanso waje da ita. Da waɗannan huɗun malami zai nuna wa ɗalibai abin da fim ke ɓoyewa. Irin wannan bindiga ba ta tashi don kawai an danna kunama. Kowane harbi sai an fara jan guduma baya. Ɗurawa kuwa sai an ja guduma rabi, a buɗe ƙofar, a juya ganga da yatsa, a fitar da kwanso ɗaya bayan ɗaya, sannan a sa harsashi ɗaya bayan ɗaya. A ba ɗalibi ya gwada da harsasan kwaikwayon da ke zuwa da ita, a riƙe masa agogo. Nan take zai gane dalilin da ya sa wasu mutanen wancan zamani ke rataya bindiga biyu. Kuma masu hankali a cikinsu biyar suke ɗurawa, su bar guduma a kan ramin da babu komai, domin idan bindigar ta faɗi kan gudumarta tana iya tashi da kanta.

Wuri ɗaya da kwafin ya gaza: ta asali tana ba da ƙara huɗu, ƙas-ƙas-ƙas-ƙas, idan ana jan guduma a hankali. Wannan biyu take bayarwa. Daga dandali babu mai ji, amma a aji ya kamata a faɗa.

A kula da shekarar labarin da za a yi. Samuel Colt, wanda ya kafa kamfanin Colt, ya yi rajistar ƙirarsa tun 1836, amma bindigoginsa na farko, har da ta 1851 da Wild Bill Hickok, gwanin harbi na Amurka, ya shahara da ita, albarushi da dalma ake cusa musu ta gaban ganga, kusan yadda mafarautanmu ke ɗura bindigar toka. Ikon ƙera ganga mai ɗaukar harsashi ta baya yana hannun kamfanin Smith & Wesson har 1869. Don haka duk wasan da ya shafi karon bindiga tsakanin Hickok da wani mai suna Davis Tutt a garin Springfield a 1865, inda aka yi harbin daga nisan yadi 75 ko kusa da haka, wannan libarba ba ta dace da shi ba, ba a ƙera ta ba tukuna. Ta dace da labarin musayar wutar da aka yi a garin Tombstone na Amurka ranar 26 ga Oktoba 1881, inda Virgil Earp, wanda ke riƙe da tsaron garin, da 'yan'uwansa Wyatt da Morgan da abokinsu Doc Holliday suka je karɓe makaman wasu mutane bisa dokar garin da ta hana yawo da bindiga. An yi harbi kusan 30 cikin daƙiƙa kusan 30, mutum uku suka mutu. Ta kuma dace da zamanin Bass Reeves, baƙar fata da aka haifa cikin bauta, wanda ya zama jami'in kama masu laifi daga 1875 ya yi sama da shekara talatin yana aikin. Labarinsa ya cancanci dandali fiye da da yawa daga cikin waɗanda ake maimaitawa.

Yanzu ga inda take lalacewa. Tutiya ba ta lanƙwasawa, tsinkewa take yi. Abu na farko da ke kashe ta shi ne salon nan na riƙe kunama a dinga bugun guduma da tafin hannu. Ko ta gaske wannan salo ɓata mata ciki yake yi, balle ta zubi. Haƙorin da ke tura ganga yakan gutsure, daga nan ganga ta daina juyawa, kuma ba a walda ta. Na biyu kusoshi. Sukan kwance da yawan motsi, amma idan aka matse da ƙarfi zaren ramin ya cinye. A ɗaure su da sukurdireba daidai bakinsu, da zarar sun tsaya a bari. Na uku yanayinmu: ƙurar hunturu na shiga tsakanin ganga da sandar da take juyawa a kai, ta sa ta cije. Ɗigo ɗaya na man keken ɗinki ya isa, a goge ragowar, don mai da yawa ƙura yake tarawa. Gumi yana cin baƙin fentin, zafin bazara kuma yana tsaga ƙota idan an bar ta cikin mota.

Kuben da ke zuwa da ita ba abin kirki ba ne, roba ce mai kama da fata, kuma irin mai zazzagowa har cinya ne, wanda masu fim suka yayata daga baya. Mutanen lokacin sama suke ɗaura nasu, a kan ƙugu, kube yana rufe mafi yawan bindigar. Kowane baduku a kasuwar Argungu zai ɗinka wanda ya fi shi idan an kai masa zane da awo a takarda.

A takarda, ba bindigar kanta ba, kuma wannan maganar ta fi duk na sama nauyi. Daga taku goma babu mai bambanta ta da ta gaske. A halin da Kebbi da Zamfara ke ciki, jami'in da ke shingen hanya ko ɗan sa-kai a bakin gari ba zai tsaya duba bututu ba. Kafin a yi oda, shugaban makaranta ko na ƙungiya ya rubuta wa ofishin 'yan sanda mafi kusa, ya ajiye kwafin takardar da rasidi. A shafa jan fenti a bakin bututun. A kulle ta cikin akwati a wurin da ake atisaye, makulli a hannun mutum ɗaya, kada a ba yaro ya kai ta gida, kada kuma a ɗauki bidiyo da ita a kan titi ko a bayan gari. Ƙungiyar da ke yawon nuna wasa daga gari zuwa gari ta haƙura da wannan, ta sa kafinta ya sassaƙa mata ta katako.