Hattara da mai yawo da "dutsen mayar da lokaci" a kasuwanninmu

Jama'a, don Allah wanda ya karanta wannan ya isar wa iyayenmu na ƙauye da ba sa riƙe da babbar waya. Akwai wani mutum da ke bin kasuwannin mako, an gan shi a Maigatari ranar Alhamis, wani kuma ya ce ya gan shi a Wudil ranar Juma'a. Dogo ne, da rawani da carbi mai dubu, da yara biyu da ke yin kamar ba su san shi ba. Wani ɗan farin dutse yake sayarwa mai ɗaukar ido, wai daga bayan Dutsen Ƙaf aljanu suka fito da shi, wai guda bakwai ne kacal a duniya, kuma wai yana tsayar da lokaci ko ya mayar da mutum ranar da ta wuce.

Baffana ya faɗa hannunsa, shi ya sa nake wannan rubutu da zafin rai.

A ambaliyar 2022, wadda ta cinye gonaki daga Ringim har Hadeja, Baffa ya aiki babban ɗansa ƙetaren ruwa a kwalekwale, yaron bai dawo da rai ba. Tun ranar kalma ɗaya ce a bakinsa: da na sani ban aike shi ba. Duk garinmu an san wannan, kuma a teburin mai shayi yaran mutumin nan suka tsinci labarin. Da Baffa ya zo wucewa sai mai rawani ya kira shi da sunansa, ya ce, "Alhaji, akwai wata safiya da kake so a dawo maka da ita." Baffa ya ce a take gwiwoyinsa suka saki.

Sai mai rawani ya ce wa Baffa ya miƙo hannu. Ya kanga dutsen, naɗe cikin farin ƙyalle, a kan agogon Baffa, tsinken sakan ya yi rawa ya tsaya cak. Ya janye, tsinken ya ci gaba. Sau uku. Yaran nan suna gefe suna kabbara. Ya kawo ƙissar As'habul Kahfi da suka yi shekara 309 a kogo, wai irin dutsen ne a bakin kogon, abin da babu shi a Suratul Kahfi ko kaɗan. Ya nuna masa hotuna a waya, wani gari mai hasumiyoyi a sararin sama da duwatsu masu walƙiya. Ƙanena da ke karatu a Dutse yana ganinsu ya ce zanen kwamfuta ne, irin na wasannin waya da tatsuniyoyin Turawa, inda ake ƙaga duniyar da babu ita a saka mata dutsen tsafi. A can ma kowa ya san ƙage ne.

Baffa ya sayar da sa ɗaya cikin shanun huɗarsa, ya ba shi kuɗin a hannu. Sharaɗin shi ne ya ajiye dutsen ƙarƙashin matashi kwana bakwai, da turaren wuta, kada ya buɗe ƙyallen, kada ya faɗa wa kowa. Kwana bakwai kuwa sun ishi ɓarawo ya bar jiha.

Sana'ata gyaran waya da agogo ce, shekara da shekaru. Ranar ta tara Baffa ya zo rumfata, ya zauna a benci bai ce komai ba, can ya ajiye ƙullin a gabana ya ce, "Ɗana, duba min, ko ni ne na ɓata sharaɗin." Na kwance ƙyallen. A ƙasan dutsen an liƙa wani ɗan mayen ƙarfe da gam, bai kai girman maɓallin riga ba, irin mai ƙarfin nan da muke cirowa daga sifika. Na kai sukudireba kusa, ta manne ƙam.

Ga yadda abin yake. Agogon batir mai tsinke akwai ɗan ƙaramin inji a cikinsa da maganaɗisu ke juyawa, shi ke tura tsinken sau ɗaya kowane sakan. In ka kawo mayen ƙarfe mai ƙarfi kusa, injin sai ya rikice ya tsaya. Rana ba ta tsaya ba, inuwa ba ta tsaya ba, tsinke ne kawai. Shi kuwa dutsen, farar ƙanƙarar dutse ce, tana cikin ma'adinai mafi yawa a doron ƙasa, yara ma na tsintar ta a kan tudu. Ita ce ake rubuta sunanta, Quartz, a fuskar agogo, domin akwai ɗan ƙiris ɗinta a ciki, mai siffar gwafa, da batir ke sa shi karkarwa sau 32,768 a sakan ɗaya. Wato agogon hannun Baffa ma da irin dutsen a cikinsa tun ranar da ya saye shi.

Na ɗauko agogo mai lamba, wanda ba shi da tsinke, na ɗora dutsen a kai. Lambobi suka ci gaba da tafiya. Baffa ya daɗe yana kallonsu, sannan ya share ido da bakin rawaninsa ya ce, "Innalillahi." Wallahi ban taɓa jin nauyin sana'ata irin na ranar ba.

Duk wanda aka tara da wannan dutse, ya ce a gwada a agogon waya, ko ya kai allura kusa da ƙyallen. Zai ga mai kayan ya fara haɗa jakarsa. Kada ku tsaya dukansa, ku riƙe shi ku kira sarkin kasuwa da 'yan sanda ko Hisba, domin damfara ce tsagwaronta, irin wadda ake wa laƙabi da 419. Kuma wanda aka riga aka cuta, kada kunya ta rufe masa baki. Bayan mun kai maganar gaban dagaci, mutum biyu sun zo rumfata da dare da irin ƙullin, ɗaya mace ce da aka yi wa saki uku.

Lambar mutumin a kashe take har yau. Dutsen yana cikin durowata ga mai son gani da idonsa. Damina kuma ta ƙarato, muna nema wa Baffa aron sa da zai haɗa da ɗayan.