Yankari ko Gashaka Gumti, ga masu son yawon daji da ƙafa

Salamu alaikum jama'ar zaurenga. Malam, kai da ka yi tambaya shekaranjiya cewa ku shida ne, duk malaman makaranta, kuna son in an yi hutun Disamba ku tahi gandun daji ku yi yawo da ƙafa tare da ɗan jagora, amma kun rasa na zaɓe tsakanin Yankari da Gashaka Gumti, to ga abin da na sani. Na je Yankari sau biyu, Gashaka sau ɗaya, kuma tun yanzu ina gaya maka wurarenga biyu ba jirgi ɗaya ya kwaso su ba, duk da dai ko wane sunan shi daji.

Kahin in shiga, na ga wani ɗan'uwa ya ce mi zai hana ku je Kainji tunda ta fi kusa da mu, ta Yawuri. Gaskiya ne ta fi kusa, amma don Allah ku bar wagga magana yanzu, shekarunga dajin Kainji da na Kamuku da ke Birnin Gwari duk suna fama da matsalar 'yan bindiga, ba wurin kai baƙi yawo ba ne sai Allah Ya kawo sauƙi.

Yankari tana jihar Bauchi, ƙaramar hukumar Alkaleri, faɗinta murabba'in kilomita 2,244. An keɓe ta tun 1956, an buɗe ma jama'a 1962, ta koma hannun gwamnatin tarayya 1991, sannan 2006 anka maida ma jihar Bauchi abinta, wato yanzu jiha ke riƙe da ita. Daga Sakkwato in kun yi sammako kun bi Gusau, Funtuwa, Zariya, ko ku ratsa ta Kano ko ta Jos, Bauchi za ku kwana, washegari ku kama hanyar Gombe ku karya ta Dindima har ƙofar Mainamaji, daga nan ma akwai sauran tahiya cikin daji kahin a kai sansanin Wikki inda ɗakunan kwana suke. Abin da nake son ka riƙe shi ne yawon Yankari yawon mota ne. Za a ɗauke ku cikin buɗaɗɗiyar mota da safe ko da la'asar, ɗan jagora shina gaba, a bi gefen kogin Gaji ana duba dabbobi, kuma ba a barin mutum ya sauka ya kutsa daji don ya ga dama, saboda akwai giwaye da ɓauna, kuma giwa mai ɗa ba ta san baƙo ba. Inda ake sauka a taka sai wuraren da anka sani, kamar kogunan dutsen da ake ce ma Marshall, waɗanda mutanen zamanin da sunka sassaƙa cikin dutse, da tsoffin rijiyoyin Dukkey. Tahiyar ba ta da tsawo, ko dattijo zai iya.

Amma wajen ganin dabba ido da ido Yankari ta sha gaban Gashaka, wannan ba gardama. Daji ne irin namu, itace jefi-jefi, ido na kai nesa, kuma in rani ya yi nisa ciyawa ta bushe duk abin da ke da rai Gaji yake nufa. Mun ga gwambaza, mun ga mazo, gadu kau har cikin sansani suke kiwo kamar awaki. Zuwana na biyu ɗan jagoranmu ya tsaida mota ya nuna muna kashin giwa bisa hanya, tari guda kamar an kife kwando, ya ce mu dubi yadda bai bushe ba, ga reshen da sunka ɓalle ruwan itacen bai ko daskare ba, ga sawu kamar faifai, ya ce ba su yi nisa ba kowa ya yi shiru, walle kuwa ba mu yi minti goma ba sai ga su can ƙasan kwari suna kaɗa kunnuwa. Ba kullum ake dace ba, zuwana na farko ko ɗaya ba mu gani ba. Sai kuma ruwan Wikki, wanda ke ɓuɓɓugowa daga ƙarƙashin dutse da ɗumin digiri 31 dare da rana, sanyi da bazara, garau har kana ganin yashin ƙasa. Mutumin Sakkwato da ya baro hunturun Disamba ya faɗa cikin wanga ruwa da asuba ba zai so fita ba. Ku dai kula da gwaggon birai, sun saba da mutane ƙwarai, gabana ɗaya ya zo ya fizge ledar burodi hannun wani yaro ya haye rufi, don haka ƙofa da taga a rufe, abinci kuma a jaka.

To Gashaka Gumti fa. Ita ce gandun daji mafi girma a Najeriya, ta haura murabba'in kilomita 6,000, kusan Yankari uku ke nan, ta kwanta tsakanin Taraba da Adamawa jikin iyakar Kamaru, kuma gwamnatin tarayya ke da ita tun 1991, tun 2017 kuma akwai wata gidauniyar kare daji da ake ce ma Africa Nature Investors (ANI) da ke aiki tare da hukumar gandun wajen tsaro da horar da masu gadin daji. Ɓangaren Gumti na arewa shimfiɗe yake, ɓangaren Gashaka na kudu shi ne na duwatsu da kurmi, kuma nan ne masu tahiyar ƙasa ke nufa. Hedkwata tana Serti. Kahin ka kai Serti daga Sakkwato sai ka wuce Bauchi, Gombe, Numan, Jalingo, Bali, wato kwana biyu cur bisa hanya in ba ku yin tahiyar dare, kuma kada ku yi ta. Daga Serti zuwa ƙauyen Gashaka hanyar ba ta ƙaramar mota ba ce, sai mai ƙarfi ko mashin, ga ƙetare ruwa. Daga nan mota ta gama aikinta, saura ƙafa.

Nan ne abin da kake nema yake, Malam. Mai gadin daji gaba, ku a tsakiya kun yi layi ɗaya, 'yan dako baya da tanti da tukunya, ku hau tudu ku gangara kwari ku tuɓe takalmi ku rataya ga wuya ku ƙetare rafi mai sanyi kamar an zuba ƙanƙara, ku shiga kurmin da rana tsaka sai ka ɗauka magariba ta kusa. Mu da munka taso inda kana tsaye Kwannawa kana hango nesa ba abin da ya tare maka ido, wanga duhu na itace sai ya sa jikinka ya yi sanyi. Ranar da munka nufi Kwano, sansanin masu binciken birai, jagoranmu ya ɗaga hannu munka tsaya cak, ya nuna can bisa wani dogon icce, sai ga wani abu kamar sheƙar shamuwa amma ya fi ta girma, rassa an lanƙwasa an saƙa, ganyen bai gama yaushi ba. Ya ce wancan gadon cimpanzi ne, babban birin nan mai kama da mutum, kullum da yamma sai ya saƙa sabo ya kwana. Su kansu ba mu gan su ba, ihunsu kaɗai munka ji daga wancan gefen kwari, amma ni har yau wancan gado ya fi zama raina bisa ga giwayen da na gani daga cikin mota, don da ƙafata na kai gare shi. Abin da munka gani ido da ido birai ne baƙaƙe masu farin gashi da doguwar wutsiya suna tsalle bisa, da tsuntsaye iri-iri, da dorina a wani gurbi na kogin Kam.

Ka ga bambancin ke nan, Yankari za ka ga dabba da yawa ka taka kaɗan, Gashaka za ka taka har ƙafa ta gaya maka, dabbar kuma wani lokaci sawunta da kukanta ne rabonka.

Na san cikinku ba za a rasa mai cewa tunda an je a hau Chappal Waddi ba, dutsen da ya fi ko wane tsawo a ƙasarga, mita 2,419, Fulani na ce mishi Gangirwal. Ni ban ba ku shawarar haka a zuwan farko ba. Tahiya ce ta kwanaki, kuma Sakkwato duka-duka wajen mita 300 take bisa teku, mu juriyar rana Allah Ya ba mu, hawan tudu da kaya a baya wani ilimi ne daban, ga sanyin dare can bisa wanda bargo ɗaya ba ya yi mishi komai. Ku yi kwana biyu ko uku tsakanin Gashaka da Kwano da kewaye, ku ga kangon ganuwar da Jamusawa sunka bari, ya ishe ku tsaraba. Kuma tun yanzu ku fara taka ƙasa kullum bayan asuba da jaka a baya, ku riƙa hawa matakalar bene kuna sauka, da takalmin da za ku tahi da shi. Ɗaya daga cikinmu sabon kambas ya saya ana gobe tahiya, kahin azahar ta ranar farko diddigenshi duk ya tashi ya yi ruwa, dole munka rage tahiya saboda shi, abin tausayi yana ɗingishi yana ba mu haƙuri.

Yawanku shida ya yi daidai, kada ku ƙara. In an kai goma sha wani abu na baya ba ya jin abin da jagora ke faɗi, surutu ya yi yawa, dabba ta ji ku tun kuna nesa ta ɓace, sannan dole mai sauri ya riƙa jiran mai nawa. Kuma ku aje girma ku bi maganar jagora ko da ɗan cikinku ne a shekaru, in ya ce tsaya a tsaya, in ya ce kada a sha wanga ruwa kada a sha. Turare ku bar shi gida, na san mu da turare sai Allah, amma iska na kai ma dabba ƙanshinku kahin ku iso. Farar shadda ma ba ta wurin ba ce, baƙi da shuɗi kuma suna jawo ƙudan tsando, cizon shi kamar allura, Yankari na sha shi sosai. Ku nemi kaya ruwan ƙasa ko kore masu dogon hannu. Guzuri irin namu ya fi komai dacewa, kilishi, ƙuli-ƙuli, garin rogo, dabino, da garin gishiri da sukari na haɗa ruwa saboda zufa. Salla ba matsala, matahiya ne ku, ga ƙasaru ga ruwan alwala ko'ina a Gashaka, ku dai gaya ma jagora tun da safe don ya san inda zai tsaida ku. Sabis ɗin waya kada ku dogara da shi, ku sanar da iyali tun daga Serti, ku riƙe tocila da fawa bank da tsabar kuɗi.

Lokacin da kunka zaɓa ya fi yi ma Gashaka kyau, damina ta wuce, koguna sun ja baya ana iya ƙetarewa, zafi bai taso ba. Yankari kau Disamba ciyawa na da sauran tsawo kuma ga cikar masu hutu, ganin dabba ya fi daga Fabrairu zuwa Afrilu. Kuɗi kuma Gashaka ta fi ci, ba don kuɗin shiga ba, don nisan hanya da hayar mota da 'yan dako da abincin kwanaki, amma in an raba shida da sauƙi.

Don haka in tahiyar ƙafa ce da gaske ke ranku kuma kuna da kwana bakwai zuwa takwas, ni Gashaka nake ce muku. In kwana huɗu ke gare ku, ko akwai mai ciwon gwiwa ko hawan jini ko wanda zai zo da iyali, ku tahi Yankari ba tare da jin an rage ku da komai ba. Wanda duk kunka tsaida, ku tuntuɓi ofishinsu tun sati biyu ko uku kahin ku tashi, ku gaya musu ku nawa ne da kwana nawa za ku yi don a tanadar muku jagora, ku tambayi farashin ranar da halin da hanya ke ciki, kuma ku sake tambaya ana jibi tahiya. Allah Ya kai ku lahiya.