Gargaɗi: mai tallar saiwar daliya a WhatsApp ya ci min naira 85,000

Jama'a, masu lambun furanni, musamman mutanenmu na Jos da kewaye, ku yi hattara. Akwai wani da ke yawo a zaurukan WhatsApp da Facebook yana tallar saiwar furen daliya, wai daga Holan aka shigo da ita. Naira 85,000 na tura masa. Saiwa 20 a kan 4,000 kowace ɗaya, 80,000 ke nan, da 5,000 kuɗin mota. A cikin ashirin ɗin nan wallahi uku ne kacal masu ido, wato inda toho ke fitowa.

Kada wani ya ce rashin sani ne. Daliya ba kamar dankalin Turawa ba ce, da ido ke fitowa ta ko'ina a jikinsa. Saiwarta gaɓa uku gare ta: jiki mai kama da dankalin Hausa, inda take ajiye abincinta, sai siririn wuya, sai kai, wato ɗan guntun gindin tsohon kara da ke liƙe da wuyan. A kan nan kaɗai ido yake. Wadda aka ɓalle babu kai, ko wuyanta ya karye, komai ƙibarta ba za ta yi toho ba. Tana iya fitar da jijiyoyi ta zauna wata biyu a ƙasa garau, amma ganye ko ɗaya ba za ka gani ba. Abin da na fara tambayarsa ke nan kafin in tura ko sisi. Ya ce, "Hajiya, kowace da idonta, da hannuna na duba." Ya turo bidiyo yana jujjuya saiwa, ga ido ja ya fara kumbura a kanta. Bidiyon nan shi ya cuce ni. Na kalle shi ya fi sau goma. Ashe guda ɗaya ce yake ta juyawa, sauran suna kwance a kwali can bayansa.

Kafin ma bidiyon, ya yi min tayin shuɗiyar daliya da kuma ƙwayar iri a takarda. Na ce masa babu daliya shuɗiya a duniya, akwai ja, fara, rawaya, ruwan hoda, ruwan goro, har mai duhu kamar baƙa, amma shuɗi sai a hoton da aka rina. Ƙwayar iri kuwa ba ta maimaita furen uwarta, shi ya sa ake sayen saiwa. Nan take ya ce, "Gaskiyarki Hajiya, ke gwana ce, ba zan miki wasa ba." Wannan maganar ce ta sa na saki jiki. Wa zai zaci mai amsa gyara haka ɓarawo ne? Sai ya ce ashirin suka rage, wani daga Abuja yana jira. Na tura 85,000 a daren.

Kayan suka iso tasha a ƙulle cikin leda, babu ko huda ɗaya, gumi ya jiƙa su sharkaf. Saiwar daliya a busasshen garin katako ake kwantar da ita, cikin kwali mai shan iska. Tara an datse su da wuƙa daidai wuya, babu kai. Biyar sun ruɓe, ka danna yatsa ya nutse, ga wari. Ɗaya ma dankalin Hausa ne tsagwaronsa, na yanka sai ga farin ruwan nan kamar madara yana tsatsafowa. Biyu kuma, su suka fi ƙona min rai, kansu ya yi cunkus da ƙananan toho a dunƙule kamar farin kabeji. Wanda bai sani ba sai ya yi murna, ya ce ido ne da yawa. Cuta ce ta ƙwayoyin bakteriya, ba ta da magani, kuma tana zama a ƙasa ta kama na gaba. Ƙonawa ake yi, ba a zuba su cikin taki, wuƙar da ta taɓa su a wanke da ruwan bilic.

Duk da haka ban yi masa magana ba sai da na gwada. Na jera masu ƙwari a faranti kan garin katako mai ɗan danshi, a inuwa, mako uku. Ukun nan ne suka tsiro. Da na tura masa hoto sai ya ce wai na cika ruwa. Ni zai koya wa? Rami santimita 10 zuwa 15, a kwantar da saiwar ido na kallon sama, tazarar santimita 60, a kafa sandar tokara tun ranar shuka don kada a soke saiwar daga baya, wuri mai rana awa shida da ƙasa mai tsane ruwa, kuma ba a ban ruwa sai toho ya leƙo. Waɗannan ko rami ba su shiga ba.

Yanzu ya toshe lambata. Sunan asusun da na tura kuɗin ma daban yake da wanda yake amsawa, sai daga baya na lura. Kuma har yanzu yana tallar, yana gaya wa mutanen Kano da Sakkwato wai tana jure kowane zafi. Ƙarya ne. Asalinta tsaunukan Meksiko ne, sanyin dare take so, shi ya sa take yi a Jos, zafin bazarar Sakkwato dafa ta zai yi.

Hotunan hirarmu, rasit ɗin 85,000 da bidiyon duk suna hannuna, zan ɗora su anjima in sha Allahu. Kada ku biya sai kun ga kan kowace saiwa ɗaya bayan ɗaya a kiran bidiyo, in ya ƙi ku rabu da shi.