Wane Fim ɗin Yolande Moreau Ya Cancanci Kuɗinka?

Wani ƙanina da ke koyon Faransanci ya aiko mini da tambaya. Ya ce, "Yaya, akwai abokina da zai dawo daga Faransa ƙarshen wata, ya ce in faɗi faifai biyu ya taho mini da su. Matar nan da kullum kake yabo, wane fim ɗinta zan ce?" Amsar da na fara rubuta masa ta yi tsawo, shi ya sa na ga gara in shimfiɗa ta a nan, don duk wanda ke shirin sa kuɗinsa a finafinan wannan baiwar Allah ya san inda zai jefa su.

Matar da yake nufi ita ce Yolande Moreau, 'yar ƙasar Beljiyam, wadda aka haifa a Brussels ranar 27 ga Fabrairu, 1953. Mahaifinta daga ɓangaren masu Faransanci ya fito, mahaifiyarta kuma daga ɓangaren Filamis, wato masu yaren Holanci. Ba ta shigo fim ta ƙofar kyau ko ƙuruciya ba. A dandamali ta girma. A 1982 ta rubuta wasan da take yi ita kaɗai, Sale affaire, du sexe et du crime, ta yi ta yawo da shi gari gari. A nan ne darakta Agnès Varda ta gan ta, ta ba ta ƙaramin matsayi a Sans toit ni loi na 1985. A 1989 ta shiga ƙungiyar wasan Jérôme Deschamps da Macha Makeïeff, kuma gajerun wasannin barkwancinsu na Les Deschiens a tashar Canal+ su ne suka kai fuskarta kowane gida a Faransa. Sai da ta haura shekara hamsin kafin ta ɗauki fim a kanta daga farko har ƙarshe.

Wannan tarihi shi ne abin da mai saye ya kamata ya fara riƙewa. Ta fito a finafinai da yawan gaske, amma a galibinsu mai aikin gida ce, ko maƙwabciya, ko uwar wani, ta leƙo minti biyar ta ɓace. Masu buga faifai kuma sun san sunanta yana sayarwa, sai su ɗora shi a bango. Ganin sunanta a kwali ba ya nufin za ka ƙoshi da ita.

Misali mafi kusa shi ne Le Fabuleux Destin d'Amélie Poulain na 2001, wanda kowa ke kira Amélie. Shi ne ya fi kowanne sauƙin samu, ya kuma fi araha. Moreau ta fito a matsayin Madeleine Wallace, mai kula da bene, wadda mijinta ya gudu ya bar ta da tsoffin wasiƙunsa. Ta yi kyau ƙwarai a wurin, amma fim ɗin Audrey Tautou ne. In don Moreau kake saye, wannan ɗanɗano ne kawai, ba tuwo ba.

Zaɓin gaskiya yana tsakanin finafinai biyu, kuma kowanne ya ba ta César, babbar kyautar finafinai ta Faransa, a matsayin jarumar da ta fi fice.

Na farko shi ne Séraphine na 2008, wanda Martin Provost ya ba da umarni. Labarin gaske ne na Séraphine Louis, wadda ta rayu daga 1864 zuwa 1942, mai wanki da goge-goge a gidajen masu hali a garin Senlis na Faransa. Da rana tana durƙushe tana goge daɓe, da dare ta kulle ɗakinta ta kunna kyandir tana zana furanni da ganyaye da 'ya'yan itace. Wani Bajamushe dillalin zane, Wilhelm Uhde, wanda yana cikin waɗanda suka fara sayen aikin Picasso, ya kama haya a gidan da take aiki, ya ci karo da zanenta, ya kasa yarda cewa mai share masa ɗaki ce ta yi shi. Yaƙin 1914 ya kore shi daga Faransa. Ya sake gano ta a 1927, kuɗi suka fara shigowa, sai karayar tattalin arzikin 1929 ta tsinke komai. A 1932 aka kai ta asibitin masu taɓin hankali, ba ta sake fitowa ba.

Abin da ya sa nake cewa a sayi wannan a faifai mai kyau shi ne yadda Moreau take wasa da jiki ba da baki ba. Minti da yawa suna wucewa ba ta ce uffan ba. Za ka gan ta tana tafiya cikin duhun asuba da kwando a hannu, takalminta na ƙwanƙwasa duwatsun titi, kafaɗa a sunkuye kamar wadda ta saba ɗaukar kayan wasu. Za ka ga ta faki idon mahauci ta ɗebi jini a 'yar kwalba, ta shiga coci ta tsiyayi narkakken kyandir, ta sa hannu a bakin rafi ta ƙwaƙulo laka, duk don haɗa launi. Da dare kuma, tana durƙushe a kan zanen, da yatsunta take shafa fenti tana rera waƙoƙin addininta da wata siririyar murya. Kalli farcenta a wannan wurin, baƙi ƙirin da datti da fenti. Duk wanda ya taɓa zama gida ɗaya da mai aikatau, yana wuce ta kullum bai taɓa tambayar abin da ke ranta ba, wannan fim zai zauna masa a ƙirji.

Fim ɗin ya ci César bakwai a 2009, ciki har da na fim mafi kyau da na ɗaukar hoto da na tufafi. Na ambaci ɗaukar hoto ne don yana da alaƙa da kuɗinka. Wurare da yawa a fim ɗin cikin ɗaki mai duhu aka ɗauke su da hasken kyandir ko na taga. Kwafin satar fasaha da aka matse don ya shiga waya yana mayar da wannan duhun wani baƙin dunƙule, launukan zanen kuma su dushe. Tsawonsa ya ɗan haura awa biyu, kuma tafiyar hawainiya yake yi. Wanda ya saba da fim mai gudu zai yi haƙuri a rabin awar farko. Akwai kuma wuri guda da take wanka a rafi ba sutura, don haka mai son kallo da iyali ya sani tun wuri.

Na biyu shi ne Quand la mer monte na 2004, ma'anarsa lokacin da teku ke tumbatsa. Ita ta rubuta shi ta kuma ba da umarni tare da Gilles Porte, kuma ban da kyautar jaruma, ya ci César na fim ɗin farko mafi kyau a 2005. A nan ta fito a matsayin Irène, 'yar wasan da ke yawo da motarta a ƙananan garuruwan arewacin Faransa, daga wannan zaure zuwa wancan, tana kwana a ƙananan otal, tana waya da mijinta kan gyaran gida. Wasan da Irène ke yi a dandamali kuwa ba ƙirƙira ba ce, shi ne ainihin Sale affaire na Moreau. Tana fitowa da abin rufe fuska, da tsohuwar riga, hannuwa jina-jina, tana ba 'yan kallo labarin yadda ta kashe masoyinta, kuma kowane dare sai ta janyo namiji ɗaya daga cikin masu kallo ta mai da shi "ɗan tsakonta". Wata rana ta janyo Dries, wanda Wim Willaert ya fito a matsayinsa, saurayi mai ɗaukar dogayen mutum-mutumin da ake zagaya gari da su a bukukuwan yankin. Daga nan soyayya ta ƙullu, irin wadda duka biyun sun san ba ta da gobe.

Ga mai son sanin ko wace ce Moreau, wannan ya fi Séraphine amfani. Wasan dandamali da an sauke labule ya tafi. Mu da ba mu zauna a zaurukan Beljiyam a shekarun 1980 ba, wannan faifan ne tagar da ta fi kusa da za mu leƙa mu ga yadda take juya ɗaki cike da mutane, ta sa su dariya, ta kuma yi shiru har dariyar ta koma tausayi. Ni dai shi na fi so a raina. Amma ba zan ɓoye aibinsa ba: ƙaramin fim ne mai ƙaramin kasafi, ya fi wuyar samu, labarinsa na matar aure ce da ta karkata, akwai tsiraici, kuma Faransancin da ake yi a ciki na talakawan arewa ne, ga lafazin Filamis a bakin Dries. Mai koyo zai sha wuya in ba rubutu a ƙasan allo.

Akwai rukuni na uku, finafinan da ta yi da daraktoci Benoît Delépine da Gustave Kervern. A Louise-Michel na 2008, ma'aikata mata sun wayi gari sun tarar an kwashe injinan masana'antarsu cikin dare, sai suka haɗa ɗan kuɗin sallamarsu don su ɗauki ɗan bindiga ya kashe mai kamfanin. Ita ce kan gaba, tare da ɗan ƙasarsu Bouli Lanners. Barkwanci ne mai ɗaci da ƙazanta, ba kowa zai iya haɗiye shi ba. A Mammuth na 2010 ita ce matar Gérard Depardieu, wanda ya yi ritaya daga mayanka ya hau tsohon babur yana bin wuraren da ya taɓa aiki don tattara takardun fansho. Wurin da take fama da na'urar amsa waya tana ta maimaita sunansu har ranta ya ɓaci ya isa a sake kallo, amma yawancin fim ɗin Depardieu ne a kan hanya, ita tana gida. Waɗannan na haya ne, ba na ajiya ba. Faifan Les Deschiens kuma sai wanda Faransanci ya zauna masa daram, don duk daɗin yana cikin karin magana da lafazi.

Ɗaya ne zan ce a kiyaye kai tsaye. Le Tout Nouveau Testament na 2015, na Jaco Van Dormael, yana yawan fitowa in ka nemi sunanta, kuma ya yi suna a Turai. Fim ne da ya siffanta Ubangiji a matsayin mutum mai mata da 'ya a wani gida a Brussels, ita ce kuma matar. Ban ga dalilin da zai sa Musulmi ko Kirista mai kishin addininsa ya sa kuɗinsa a nan ba, kuma gara ka ji daga bakina kafin a kawo maka shi har gida.

Saura maganar irin faifan, kuma a nan ne na taɓa asara. Shekarun baya na yi odar wani fim ɗinta daga wani mai sayar da na hannu a intanet. Na jira makonni, na biya kuɗin aiko da ya fi kuɗin faifan. Da ya iso, na'urata ta ƙi karɓarsa, da na samu ya buɗe a kwamfuta kuma sai na tarar ba fassarar Ingilishi, alhali abokan da na gayyato ba mai jin Faransanci. Abin ya yi mini ciwo, don na daɗe ina ba su labarin matar.

Dalilin shi ne an raba duniya shiyya shiyya a harkar DVD. Amurka shiyya ta 1 ce, Turai ta 2, Najeriya da Nijar da yawancin Afirka kuma ta 5. Da yawa daga ƙananan na'urorin da ake sayarwa a kasuwanninmu suna buɗe kowace shiyya, amma ba duka ba, don haka ka gwada taka da wani faifan Turai kafin ka aika kuɗi. A Blu-ray abin ya fi mana sauƙi, domin Turai da Afirka duk shiyyar B ce, Amurka kuwa A. Ke nan Blu-ray ɗin Faransa ya fi na Amurka dacewa da na'urar da aka yi don yankinmu.

Sai dai fassara tana juya lissafin. Bugun Faransa sau da yawa ba ya ɗauke da Ingilishi, abin da za ka samu shi ne rubutun Faransanci da aka yi don kurame. Ga ɗan Maradi ko Damagaram ko Yamai da ya yi makaranta da Faransanci, wannan ba matsala ba ce, ga mai koyo kuma alheri ne, don yana ji yana karantawa. Ga ɗan Kano ko Zariya da Ingilishi kawai yake ji, bugun Ingila ko na Amurka zai nema. Kamfanin Music Box Films ne ya fitar da Séraphine a Amurka, shi kuwa Quand la mer monte a can ana kiransa When the Sea Rises, da wannan sunan za ka neme shi. Kada ka yarda da abin da mai sayarwa ya rubuta a talla. Ka ce ya ɗauko maka hoton bayan kwalin, inda aka jera shiyya da harsuna, ka karanta da idonka.

Haya ta intanet ta fi araha ga kallo ɗaya, amma shagunan suna canza kayansu daga ƙasa zuwa ƙasa, abin da ke buɗewa a Paris yana iya ƙin buɗewa a Katsina, wasu kuma ba sa karɓar katin bankinmu. Ka duba tukuna ko fim ɗin yana nan a ƙasarka, sannan ka lissafa data da fim na awa biyu mai hoto tas zai cinye. Wannan hanya ta dace da Louise-Michel da Mammuth, da ma finafinan da ta ba da umarni daga baya, Henri na 2013 da La Fiancée du poète na 2023, waɗanda gara ka ɗanɗana kafin ka yanke ko na ajiya ne.

Abin da na faɗa wa ƙanina shi ne ya ce wa abokinsa ya taho da Séraphine, Blu-ray in ya samu, sannan ya ba da lokaci ya zaga shagunan na hannu ya nemo DVD ɗin Quand la mer monte, ko da kwalin ya tsufa, muddin faifan bai karce ba. Na ce ya fara da Séraphine, da dare, bayan gida ya yi tsit, ya kashe fitila. Wanda kuɗinsa na faifai ɗaya ne kacal, shi ma Séraphine zai ɗauka, in ya so ya ari ɗayan a wurina.